Rasuwar Baƙa, Ordinatar Sarkin Lodi

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, cika irin ta kamiyo, babbar motar albasa, ranar kasuwa, Baba Halliru Sarkin Lodi na Malanville yana sanar da dangi da abokan arziki, da maƙwabta, da waɗanda ba su taɓa yi mishi fatan alheri ba amma ba a rasa su a ƙofar gidanshi, cewa Baƙa ta rasu.

Baƙa ita ce ordinatar nan, wato kwamfuta, mai buɗewa kamar littafi, wadda rana da wata da taurari ke yawo a cikinta. Ta cika ranar Laraba bayan azahar, a gindin dogon yaro na ƙofar gida, bisa cinyar mai riƙonta, nannaɗe da buhu. Shekarunta takwas a duniya: biyar a hannun mai ilimi, uku a hannun mai hankali.

Wanda bai san mai makokin ba, to baƙo ne, a ba shi ruwa. Halliru ne wanda jirgi ya kife da shi sau biyu tsakanin nan da Gaya, ya fito da hularshi a kai. Shi ne ya kwana goma sha ɗaya a hannun jandarma zamanin juyin juya hali a kan buhun shinkafar da ba tashi ba, sunka gaji da ciyar da shi sunka sake shi. Shekarar amai da gudawa ya binne abokan sana'a bakwai, shi ko ciwon kai bai yi ba. Shekara arba'in yana shugabancin 'yan lodi a tashar albasa, ba a taɓa jin kamiyo ya ce mishi ya isa ba. Bai taɓa shiga lakwal, makarantar boko, ba sai shekarar da kogi ya ci unguwa, anka kwashe mutane anka zuba su cikin aji. Ya yi wata guda a ciki, ya fito bai ga abin da ya ƙaru da shi ba. Duk wannan bai sa shi hawaye ba. Ranar Laraba ma bai yi kuka ba. Waɗanda sunka ga idonshi da ruwa su tuna buhun albasa ne a cinyarshi.

Yadda Baƙa ta shigo gidan kowa ya sani, amma tunda kowa da gishirin da yake sa wa, ga yadda anka yi. Autar Halliru, Rahina, madam ce mai koyar da kimiyya a wata makaranta a Paraku. Shekara uku da sunka wuce ta zo hutu da na'urarta. Wata rana da yamma ta fito kawo wa dattawa fura, ta iske mahaifinta yana yi wa majalisa bayanin hanyar rana: yadda take fitowa ta wajen Madekali, ta ratsa bisa kasuwa, ta je ta kwanta can saman kogi. Maimakon ta ajiye ƙwarya ta koma, sai ta durƙusa ta ce, a hankali dai, “Baba, ai rana ba ta zagaya mu. Mu ne muke zagaya ta.” Ba ta tsaya nan ba. Ta shiga ta ɗauko Baƙa, ta buɗe ta a kan tabarma, ga rana a tsakiya, ga duniya kamar ƙwayar gero tana bin ta.

Issufu mai gyaran keke, wanda tun suna yara yake jiran ranar da Halliru zai yi tuntuɓe, ya yi dariya har fura ta fito mishi ta hanci.

A nan ake so masu baza labari su gyara. Halliru bai kori ɗiyarshi ba. Cewa ya yi kawai, tunda duniya ce ke juyawa, ta tafi abinta, in duniyar ta juyo da ita ƙofar gidan nan sai ta shigo. Sannan ya nuna mata ƙofar, ya kira mata ɗan zemi mai babur ɗin haya, ya ɗora mata jaka da kanshi, tunda lodi sana'arshi ce. In wannan kora ce, to Allah Ya kyauta. Haoua, uwar yarinyar, ta riƙe mishi riga tana roƙo, ya ce mata ta kwantar da hankalinta, komai nisan jifa ƙasa zai faɗo. Rahina ta hau babur ba ta waiga ba. Ta bar Baƙa a buɗe bisa tabarma, duniya na ta zagaya rana a gaban dattawa, ba kunya.

Wata shida marigayiya ta yi a ƙarƙashin gado. Ranar da Halliru ya fito da ita, ya fito da ita ne don ya kama ta da ƙarya, ba don wani abu ba. Mamudu mai cajin waya ya tashe ta, ta yi sallamarta da kowa ya saba da ita daga baya, tilin-tin, fankarta ta ja numfashi, fuuu. Ya nuna mishi yadda ake jan ɓera, wannan ɗan abin da ake turawa da hannu kibiya ta bi. Cikin kwana uku almajiri ya wuce malaminshi. Rubutun nasara da ke gefe bai dame shi ba. Mai tumaki ba ya rubuta suna a jikin tunkiya, kuma ba ta ɓace mishi.

Marigayiya mai haƙuri ce. Wannan shaida ce ta wanda ya gwada ta.

Sau arba'in da wani abu ya ɗauki wata ya maka wa duniya, ba ta taɓa cewa don mi ba. Ya cire rana daga tsakiya don ya ga abin da zai faru, nan take kowace duniya ta kama gabanta ta miƙe, kamar masu sayar da fetur a kwalba sun hango motar duwan, 'yan kwastan. Ya matso da duniya kusa da rana da faɗin yatsa guda, tekuna sunka tafasa, ƙasa ta yi ja. Majalisa ta duba, ba wanda ya girgiza. Arzika mai ƙanƙara ya ce in wannan ne tashin duniya, to mu nan duk Afrilu muna yin shi, kuma ana cin kasuwa. Da anka ja ta baya komai ya daskare, shi Arzikan ne ya roƙi a mayar da ita, kada sana'arshi ta mutu.

Marigayiya mai son sulhu ce. Shekarar da gari ya rabu uku a kan ganin watan salla, wasu sun bi Nijar, wasu sun bi Najeriya, wasu suna jiran Kotonu, Halliru ya ga abin ya isa. Ya zauna ya ƙera wata uku ya rataya wa duniya, kowace ƙasa da nata, kowa ya huta. Ba su yi zagaye goma ba biyu sunka yi karo sunka farfashe, na ukun ya tsere. Duk wanda ke wurin ya gane Baƙa ta san mu.

Marigayiya ba ta girman kai. Da liman ya aiko a tambaya ko Sarkin Lodi ya fara haɗa kanshi da Mai sammai, Halliru ya mayar da amsa cewa sammai na Allah ne, wannan hoto ne, kamar yadda dara ba yaƙi ba ce. Liman ya zo da kanshi ya duba. Ya zauna har la'asar, ya nemi a nuna mishi ƙatuwar duniyar nan mai faifai a ƙugu sau biyu.

Ta mayar wa tsoho da majalisarshi. Tun da gwiwa ta hana shi hawa kamiyo, mutane sunka fara gaishe shi daga bisa babur ba tare da sun tsaya ba. Da Baƙa ta zo, sai ga su da kujerunsu. 'Yan Garu masu kawo shinkafa suna biyowa, masunta suna biyowa da warinsu, har wani malamin lakwal ya zo daga Gene ya tsaya a baya kamar mai jiran mota. Halliru na tsakiya da ɓera a hannu, yana tada duniya yana kwantarwa. Ba a taɓa samun jahili irin wannan ba, in ji Issufu, kuma an karɓa a matsayin yabo.

Asalin ciwon ajali daga wani wasa ne. Ganin yadda rana take zaune a tsakiya, ba ta zuwa gidan kowa sai dai a zagaye ta, Halliru ya ga kamar an zana shi, ya ce wannan shi ne. Ƙanana biyu na kusa da ita su ne Bukari da Taufiq, ɗiyanshi maza, waɗanda ba su taɓa nisa da tukunyar gidan ba. Shuɗiyar ita ce Haoua. Can baya ya ƙera wata 'yar kore, ƙarama, mai saurin tsiya. Bai ba ta suna ba. Ba wanda ya tambaya, don ba wanda bai gane ba.

Ranar wata Asabar, watanni huɗu da sunka wuce, gardama ta tashi a kan karin maganar nan ta jifa. Issufu ya ce shekara uku jifa na sama, anya kuwa. Halliru ya ce a matso a gani. Ya kama 'yar koren da ɓera ya cilla ta. Ta yi nisa, ta lanƙwaso, ta dawo. Ya dubi majalisa. Ya sake cilla ta da ƙarfi, ta yi nisa har ta kusa fita daga gilashi, ta yi kamar ba za ta juyo ba, ta juyo. Ya ce to kun gani, maganar magabata ba ta faɗuwa ƙasa banza. Da ya tsaya nan da yau Baƙa na da rai. Amma Issufu ya ce, “Ai ba haka ka jefa waccan ba, Halliru. Jefa ta yadda ka jefa waccan.”

Ya jefa.

Zaren hasken da ke bin bayanta bai lanƙwasa ba. Ya miƙe kamar hanyar Kandi. Akwai wurin da ake dannawa kwanaki su yi gudu, Halliru ya danna, shekara ɗari ta wuce, dubu ta wuce, Mamudu ya leƙa ya ce an shiga miliyan. 'Yar koren na tafiya. Ba ta sauri, ba ta fushi, tafiya kawai take. Ba ka jin komai sai fuuu. Sarkin Lodi ya rufe Baƙa ya ce lokacin salla ya yi. Da sauran awa guda, amma kowa ya tashi ya nemi buta.

Don gaskiya ta cika, za a faɗi cewa magani ya samu tun ranar. Mamudu ya dawo shi kaɗai ya nuna mishi wata 'yar kibiya mai lanƙwasa a kusurwa. Ya ce, “Baba Sarki, in ka taɓa nan, komai zai koma yadda yake kafin ka yi jifan.” Halliru ya tambaye shi ma'anar kibiyar. Ya ce ma'anarta an yi kuskure, a koma baya. Halliru ya ce to a bar ta nan. Mutumin da kogi ya mayar sau biyu, wanda jandarma sunka gaji da shi, ba zai kai shekara saba'in da takwas sannan ya sa yatsa a kan na yi kuskure ba, kuma a gaban mai cajin waya.

Shi ya san magani irin nashi. Shekara arba'in sun koya mishi cewa abin da ya ƙi zama, nauyi ake ƙara mishi. Marigayiya da kanta ta nuna cewa mai nauyi shi ke jawo marar nauyi. Sai ya fara yi wa rana lodi. Ya ninka ta biyu, Bukari ya faɗa cikinta ya ƙone. Ya ninka ta huɗu, Taufiq ya bi ɗan'uwanshi. Ya ƙara, Haoua ta yi baƙi kamar gindin tukunya. Ita Haouar ta gaskiya tana tsaye a bayanshi da tsintsiya, ta ce, “Malam, ka cinye na kusa da kai duka, ita ko ba ta ma san kana yi ba.” Maganar mata ce, ba a sa ta cikin lissafi ba.

Da nauyi bai yi ba, ya koma shinge. Wanda ya zauna bakin iyaka ya san ba a kama mai tafiya da gudu, tare hanya ake yi. Ya jera mata manyan duniyoyi a gaba kamar gangunan duwan, ta ratsa tsakaninsu, ɗaya ma ya ƙara mata sauri. Ya zuba duwatsu ɗari, ya zuba dubu. Ya kawo rana ta biyu, ta uku, har tara. Fankar Baƙa ta bar fuuu ta koma wiii, kamar kamiyo a hawan tudu. Hoto ya fara tafiya da ɗingishi. Mamudu ya ce, “Baba Sarki, wagga ba kamiyo ba ce, ta ɗauki abin da ya fi ƙarfinta.” Halliru ya ce duk direban da ya taɓa yi mishi lodi haka yake cewa, kuma duk sun isa Kotonu.

Ranar Laraba zafi ya kai inda ƙadangare ke neman inuwar ɗan'uwanshi. Jikin marigayiya ya yi zafin da ba a iya ɗora hannu. A nan Halliru ya yi abin da duk mai hankali a garin nan zai yi, kuma yana ƙalubalantar wanda zai ce ba haka ba. Jarkar ruwa in ta yi zafi, mi ake yi mata? Buhu ake jiƙawa a nannaɗe ta, a sa ta a iska. Haka kakanninmu sunka sha ruwan sanyi tun Arzika bai san ƙanƙara ba. Ya aika anka kawo buhun albasa, sabo, ba tsoho ba, ya tsoma shi a randa, ya matse shi daidai gwargwado, ya lulluɓe ta da shi har ƙasa, ya toshe duk 'yan ramukan nan da iska mai zafi ke fita, don kada sanyin ya tsere. Ya bar fuskar kawai, yana kallon 'yar koren.

Ta yi wiii. Ta yi ƙir, ƙir. Ta yi wani ɗan tsaki, tsit, irin na wanda ya gaji da magana da mutum. Fuskarta ta yi baƙi kamar sunanta, wani ƙauri ya tashi, rabi roba rabi miya.

Halliru ya rantse cewa kafin hasken ya ɗauke, zaren 'yar koren ya fara lanƙwasowa. Issufu ya ce ruwa ne ya gangaro bisa gilashi. Ɗayansu makaho ne, kuma an san wanda ke sa tabarau a hanci yana neman shi.

An kai ta wurin masu gyara biyu. Na farko ya buɗe, ya shinshina, ya tambaya ko a cikin miya ta faɗa. Na biyu ya ce abin da ke ƙwaƙwalwarta wataƙila yana nan, amma sai mai ita, wadda ta san kalmar buɗewa ta ciki. An gode musu. Ilimi dai ya yi rana.

Marigayiya ta bar igiyar caji guda, mai ɗauri uku. Ta bar ɓera, wanda har yanzu in an taɓa shi yana ƙit, ƙit, bai san abin da ya faru ba. Ta bar jaka mai yagaggen zip. Batirinta ya riga ta tun bara. Ta bar majalisa ta mutum goma sha ɗaya, waɗanda tun ranar Alhamis sunka koma gaisuwa daga bisa babur. Ta bar rana tara ba mai kula da su, da wata 'yar kore a hanya.

Ga yadda za a yi.

Za a zauna karɓar gaisuwa ranar Juma'a bayan an sauko daga masallaci, a gindin dogon yaro inda abin ya faru. Ba za a yi mata salla ba, liman ya ce ba a yi, kuma gaskiyarshi. Ba a karɓar gudummawa, ko dala. Wanda zai zo ya zo da kujerarshi. Wanda ya zo da “ai mun faɗa maka” ya ajiye ta a bakin titi tare da takalmanshi. Issufu na iya zuwa, tunda ko an hana shi zai zo, amma ba za a ba shi fura ba.

Ba za a binne ta ranar ba. Gawa tana ɗakin Haoua cikin jakarta, an share mata ƙaurin. Halliru riƙo kawai ya yi, kuma ba a binne abin mutum bai gani ba. Don haka ana roƙon duk direban da zai bi hanyar kudu ya ɗauki takardar nan guda ya kai Paraku, makarantar da Madam Rahina Halliru ke koyarwa, ya sa a hannunta, ba a hannun mai gadi ba.

A wurin zaman, a gaban dattawan nan da sunka sha fura ranar, Sarkin Lodi zai yi wata sanarwa. Bayan bincike na shekara uku da ya yi da kanshi, ba da taimakon lakwal ba, ya gano cewa duniya ce ke zagaya rana. In akwai wadda ta riga shi faɗin haka, ta zo ta karɓi maganarta a inda ta ajiye ta. An gaya wa ɗan zemin da ya kai ta tasha ya jira a tashar tun safe. Shi ya kai, shi zai dawo da ita.

In Juma'a ta wuce ba ta zo ba, to kada kowa ya zo gaisuwa ranar Asabar, ba zai iske mai makoki ba. Motar farko ta Paraku za ta tashi da shi, da jakar a cinya, da gwiwar da ta ƙi hawa kamiyo. Masu cewa Halliru bai taɓa zuwa gidan kowa ba sai dai a zo mishi, su sani marigayiya ta nuna mishi wani abu guda kafin ta cika, wanda bai gaya wa majalisa ba. In ka ja hoton baya sosai, har komai ya ƙanƙance, ita ma ranar tafiya take yi.

Wanda ya iya karatu ya karanta wa wanda bai iya ba. Sarkin Lodi ya dangwala yatsa.